Orlando Martins: abin alfaharinmu ne, ko kuwa ya bari Turawa sun yi wasa da mutuncinmu?

Malam_Sada_Funtua:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Daren jiya barci ya ƙaurace mini, sai na shiga lalube a intanet, na ci karo da wani tsohon fim baƙi da fari na 1949 mai suna The Hasty Heart. Abin da ya fara tsayar da ni, na ga Ronald Reagan a ciki, shekara 30 da ɗoriya kafin ya zama shugaban Amurka. Amma wanda ya riƙe ni har ƙarshe wani ƙaƙƙarfan baƙin mutum ne mai faɗin ƙirji, soja a asibitin yaƙi a ƙasar Boma, ba ya jin Turanci, duk fim ɗin kusan sunansa kaɗai yake furtawa. Da aka jero sunayen 'yan wasa sai na ga Orlando Martins. Ashe ɗan Legas ne. An haife shi 8 ga Disamba 1899, ya tafi Landan a 1917, ya rasu a Legas 25 ga Satumba 1985.

Tun da safe nake bin tarihinsa, kuma zuciyata ta rabu biyu. Mutum ya yi shekara 40 da wani abu a Ingila, amma mafi yawan abin da aka ba shi boka ne, ko mai unguwa, ko bara. Shin mu ɗaga shi a matsayin wanda ya share wa 'yan wasanmu hanya, ko kuwa ya taya Turawa zana mu yadda suke so a gan mu? Ina neman ra'ayinku tsakani da Allah.

Hajiya_Turai:
Wa alaikumus salam Malam. Ni wallahi yau na fara jin sunan. Amma Martins ai ba sunan Yarbawa ba ne, ya aka yi?

DanAgege_Sani:
Hajiya, a Legas akwai zuriyar da ake kira Aguda. Kakanninsu bayi ne da aka kai Brazil, bayan sun sami 'yanci suka dawo gida da sunayen can, irin su Martins, Da Silva, Da Rocha, Soares. Unguwarsu tana nan a tsibirin Legas, har yau in ka bi ta wajen za ka ga ragowar gine-ginensu masu ado a bakin taga. Tushen mahaifin Orlando daga cikinsu yake. Ni a Agege aka haife ni, mun yi makaranta da 'ya'yansu.

Abu_Hanifa88:
Malam Sada, ni ba na ganin akwai abin raba zuciya a nan. Ka nemo Sanders of the River na 1935 ka kalla, in ka iya kai shi ƙarshe. Labarin a Nijeriya aka ajiye shi. Bature ɗaya, Di'o, shi ne uba, shi ne alƙali, shi ne hankalin kowa. Ranar da ya tafi hutu sai ƙasa ta rikice, baƙaƙe suka koma yanka juna, sai da ya dawo aka sami lafiya. Saƙon fim ɗin ke nan daga farko har ƙarshe: ba za mu iya riƙe kanmu ba. Orlando Martins yana ciki. Paul Robeson, Ba'amurken da ya fito a matsayin Bosambo, da ya ga yadda aka haɗa fim ɗin ya fito fili ya barranta kansa da shi. To me za mu yi alfahari da shi? Wanda ya riƙe ƙafar akuya ana fiɗa ai ba zai ce babu hannunsa ba.

Umar_Faruk_Zariya:
Abu Hanifa, in dai shiga wannan fim ne laifin, to ka haɗa da Jomo Kenyatta. Shi ma yana ciki, cikin 'yan ciko, lokacin yana zaune a Landan yana neman na abinci. Shi ne kuma daga baya Turawa suka ɗaure kan zargin Mau Mau, 'yan tawayen da suka yaƙi mulkin mallaka a Kenya, ya fito ya shugabanci Kenya. Ka ga ke nan Orlando ya yi fim da mutum biyu da suka zama shugabannin ƙasa, Kenyatta da Reagan.

Abu_Hanifa88:
Kenyatta sau ɗaya ya shiga, ya wuce ya kama gwagwarmaya. Shi wannan sana'a ya mai da abin. 1946 boka a Men of Two Worlds, 1955 mai gari a Simba, fim ɗin da aka yi don a nuna 'yan Mau Mau a matsayin dodanni. Bambancin a fili yake.

Binta_Landan:
Ku bari in sa baki daga nan inda abin ya faru. Kafin a yanke wa mutumin nan hukunci a dubi yadda ya rayu. Yaro ne ɗan shekara 17 ya sauka a Landan ana tsakiyar yaƙin duniya na farko, da niyyar shiga sojan ruwa, bai samu ba, ya ƙare a jiragen ruwan 'yan kasuwa. Bayan yaƙi ya yi dako a kasuwar kifi ta Billingsgate, ya yi kokawa ana biyan sa, ya yi wasa da maciji a gidan wasan dabbobi, ya yi gadi, ya yi wanke-wanke. Kasuwar kifin nan an ɗauke ta daga tsohon wurinta a 1982, amma tana ci har yanzu, ni ma nakan je sayen kifi. Ƙarfe 4 na asuba ake buɗewa. In lokacin hunturu ne, ƙasa jiƙe take da ruwan ƙanƙara, yatsunka sai su daina jin komai ko da safar hannu, ƙarnin kifi kuwa sai ya kwana biyu a rigarka. Yanzu ke nan da ake da injin ɗaukar kaya. A zamaninsa a ka ake ɗauka. Mutumin da ya fito daga wannan, aka ce masa zo ka sa rigar boka a biya ka, kuma a rubuta sunanka a allo, ni dai bakina ba zai iya zaginsa ba.

Hajiya_Turai:
Allah sarki. Nema dai babu inda ba ya kai bawa.

Baba_Tsoho_Kawo:
'Ya'yana, ni abin da ya tsaya mini a rai daga rubutun Malam Sada shi ne kalmar Boma. Mahaifina, Allah ya jiƙansa, ya je yaƙin Boma. An kwashe su daga nan aka bi da su ta Indiya. Runduna biyu ce ta Afirka ta Yamma, ta 81 da ta 82, kuma 'yan Arewa sun yi yawa a ciki har ya zama da Hausa ake ba da umarni, hafsoshin Turawa ma sai sun koya. Wanda bai sani ba ya duba sunayen barikokinmu: Dalet a nan Kaduna, Chindit a Zariya, Arakan da Myohaung a Legas, duk daga wancan yaƙin sunayen suka samo asali.

Baba ya kwanta a asibitin soja a can, zazzaɓi da ciwon ƙafa. Yakan ba mu labari da dare bayan sallar isha'i, yana zaune a kan buzunsa yana murza ƙafar. Ya ce akwai wani Bature a gadon kusa da shi, babu mai jin yaren wani, amma kullum in an kawo shayi sai Baturen ya tura masa nasa sukarin, shi kuma in dare ya yi ya ga bargon Baturen ya zame sai ya tashi ya gyara masa. Ya ce ranar da aka fitar da gawar mutumin ya yi kuka kamar ɗan'uwansa ne, kuma har ya bar duniya bai san sunansa ba. Da jikana ya kunna mini fim ɗin nan a wayarsa ɗazu, na ga wannan bawan Allah a zaune a bakin gado yana kallon mutane yana murmushi ba ya gane abin da suke cewa, wallahi Baba na gani. Ba ni da ilimin fim, amma na san bai yi ƙarya ba a wannan zaman da ya yi.

Sadiya_Gusau:
Allah ya jiƙan Kaka, ya sa aljanna ce makoma. Baba ka sa ni hawaye.

Malam_Sada_Funtua:
Amin. Baba mun gode da wannan. To ashe Bahaushe ma yake wakilta a fim ɗin.

Umar_Faruk_Zariya:
Gyara kaɗan Malam, da girmamawa. A labarin, Blossom, sojan da Orlando ya fito a matsayinsa, ba ɗan Nijeriya ba ne, Basuto ne, wato mutumin ƙasar da yanzu ake kira Lesotho. Amma maganar Baba tana nan daram, halin da sojan baƙar fata ya shiga a can iri ɗaya ne.

Ladidi_Dandali:
Ina so in yi magana a matsayin wadda ta yi shekara 12 tana wasan daɓe, tun daga makaranta. Mutane suna ɗauka jarumi ne ya fi wahala. Ba haka ba ne. Jarumi an ba shi magana, an ba shi waƙa, kyamara na kansa. Wanda aka ce ya tsaya a gefe ya zama uba ko mai gadi ko boka, shi ne zai gina mutum sukutum da ɗan abin da aka sammasa. In kuma aka ce babu magana gaba ɗaya, to nan ake gane ɗan wasa.

Ku koma ku kalli wurin sarƙar duwatsu a The Hasty Heart. Sojan Sukotlan ɗin, Lachie, ya gano cewa ƙodarsa ta lalace mutuwa zai yi, kuma duk abokan ɗakin sun sani tun tuni. Sai ya ɗauka duk kirkin da suka yi masa tausayi ne kawai, ya yi fushi ya juya wa kowa baya. Blossom ya zo ya miƙa masa sarƙarsa kyauta, ya ƙi karɓa. Nan ne Reagan ya taso masa, ya ce wannan mutumin ba ya jin Turanci, bai ma san kana mutuwa ba, don Allah ya ba ka. Duk fim ɗin a kan wannan gaɓar ya juya. Ku dubi fuskar Orlando lokacin da aka ƙi kyautar: bai yi kuka ba, bai ɗaga murya ba, hannun kawai ya tsaya a miƙe, idon yana neman laifin da ya yi. Na taɓa fitowa a matsayin kurma a wani wasa, sati 3 ina atisaye, na san abin da ake sha kafin a iya wannan. Kuma tun a daɓe ya fara yin rawar a Landan a 1945 kafin a mai da ita fim, wato dare bayan dare yana yin ta a gaban mutane.

Abu_Hanifa88:
Anti Ladidi, ban musa gwanintarsa ba. Amma ki lura da abin da kika faɗa da bakinki. Baƙin mutum ɗaya ne a ɗakin, shi ne kuma aka hana magana. Amfaninsa a labarin shi ne ya gyara zuciyar Bature. Richard Todd da ya yi Lachie an sa shi cikin 'yan takarar Oscar, shi kuwa mai sarƙa fa?

Ladidi_Dandali:
Wannan gaskiya ne ƙanina, kuma yana yi mini ciwo. Amma laifin na mai rubutu ne da mai kuɗin fim. Shi abin da ya shigo hannunsa bai wulaƙanta shi ba.

Dan_Ciko_Kano:
Ni dai na karanta duk abin da kuka rubuta ina ta girgiza kai, domin kamar labarina ake yi. Shekara 9 ina harkar fim a nan Kano. Ban taɓa zama jarumi ba. Mai gadi, direban Alhaji, ɗan dako, boka, in an ga dama a ba ni kawun yarinya. Akwai wani furodusa, ba zan kama suna ba, ya kira ni lokeshan tun 7 na safe, na zauna a rana har la'asar, aka ɗauki sin ɗina cikin minti 10, ya ba ni kuɗin da ko mota bai ishe ni ba, ya ce ai taimaka mini yake yi ana ganin fuskata. Kuma rawar ta ɗan ƙauye ce wawa, alhali ni ɗan ƙauye ne, na san mutanenmu ba haka suke ba. Na yi, don a gida ana jiran cefane. Abu Hanifa, mai ƙoshi ne yake zaɓen rol. In har mu a garinmu, cikin 'yan'uwanmu, haka ake yi mana, ina ga baƙo a Landan a 1935?

Hajiya_Turai:
Allah ya kawo maka mafita ɗana. Wallahi mu masu kallo sau da yawa ku muke tunawa, jaruman duk kamarsu ɗaya.

Issoufou_Maradi:
Salamu alaikum daga Nijar. Labarin nan ya tuna mini da namu Oumarou Ganda. Shi ma soja ya yi wa Faransa a Indocin, ya dawo ya koma dako a tashar jirgin ruwa ta Abijan. Can Jean Rouch, Bafaranshe mai shirya fim, ya same shi ya sa shi a Moi, un noir a 1958. Amma Ganda bai tsaya a gaban kyamara ba, ya koma bayanta ya fara ba da labarinsa da kansa, har fim ɗinsa ya ci babbar kyautar FESPACO, bikin finafinan Afirka, a Wagadugu a 1972. Abin da nake gani, bambancinsu zamani ne. Ganda ya zo daidai lokacin samun 'yancin kai. Orlando ya girme shi da shekara 30 da wani abu, lokacin da ya fara babu baƙin da zai riƙe kyamara a Ingila.

Umar_Faruk_Zariya:
Malam Issoufou ka kawo magana. Sannan akwai ɓangaren da ba mu taɓo ba, wanda nake ganin shi ne amsar Abu Hanifa. Duk muna ta auna mutumin da finafinai, mun manta da daɓe. A 1935, shekarar da Sanders ya fito, Orlando ya hau daɓe tare da Robeson a wasan Stevedore, labarin leburorin tashar jirgin ruwa baƙaƙe a Amurka da suka tashi tsaye kan zalunci. A Maris 1936 kuma suka sake haɗuwa a gidan wasa na Westminster a wasan Toussaint Louverture, wanda C.L.R. James ɗan Tirinidad ya rubuta kan juyin juya halin bayi a Haiti. Orlando shi ya fito a matsayin Boukman, mutumin da ya kunna wutar tawayen a 1791. Ku yi tunani: a tsakiyar Landan, daular Ingila tana kan ganiyarta, baƙaƙe suna nuna yadda bayi suka kori Turawa suka kafa ƙasarsu. Wasan sau 2 kawai aka yi shi. Fim kuwa ya zaga duniya, shi ya sa shi ya rage mana. Inda aka ba shi dama ya zaɓa, ga abin da ya zaɓa.

Abu_Hanifa88:
Wannan ban san da shi ba, kuma na karɓa. Ya rage mini zafi. Amma ban janye maganata kan Simba ba. A 1955 ba yaro ba ne, ya yi suna, an san shi. Ana kashe mutane a Kenya a daidai wannan lokacin.

Binta_Landan:
Ya yi suna kam, har wata ƙuri'ar jin ra'ayi a 1947 ta sa shi cikin 'yan wasa 15 da aka fi so a Ingila. Amma suna daban, iko daban. Earl Cameron, wani ɗan wasa baƙar fata, shi ma yana cikin Simba, shi da ake girmamawa ƙwarai a nan. Ayyukan da ake ba baƙaƙe a lokacin ba su taka kara sun karya ba, kuma duk a kansu ake layi.

Alhassan_Kumasi_Zongo:
Gaisuwa daga Kumasi. Baba na Kawo, mu ma kakanmu ya je Boma da sojojin Gwalkwas, wato Gana ta yanzu, lambobinsa suna nan a cikin wata tsohuwar adaka. Zan nuna wa mahaifiyata fim ɗin in sha Allah.

Matashi_2004:
Ni fa tambayata, wai duk wannan me ya shafe mu? Ba Bahaushe ba ne, ba fim ɗin Hausa ya yi ba. Me zai hana mu yi maganar su Samanja da Kasimu Yero da Ibro?

Baba_Tsoho_Kawo:
Jikana, ai duk hanya ɗaya ce. Samanjan da ka ambata, Usman Baba Pategi, Banufe ne, kuma soja ya yi kafin ya mai da rayuwar bariki wasa a rediyo da talabijin a nan Kaduna. Hausar barikin da yake yi muna dariya, irin ta su Baba ce da suka dawo da ita. Kasimu Yero kuwa 'yan Kudu da Uncle Gaga suka san shi a Cock Crow at Dawn, da Turanci. Ya rasu a 2017, Samanja a 2023. Yau in ka tambayi sa'anninka su ba ka tarihinsu, mutum nawa za su iya?

Matashi_2004:
Gaskiya ne Baba, a yi mini afuwa. Ni kaina Ibro kawai na sani sosai.

DanAgege_Sani:
Mu dawo kan Orlando. Abin da ya burge ni, bai mutu a can ba. Ya tattaro ya dawo Legas a 1959, ana saura shekara ɗaya a sami 'yanci, yana dab da shekara 60. Daga nan yakan fita in an kira shi aiki, kamar Mister Moses na 1965 da Robert Mitchum. Kuma da 'yan Nijeriya suka fara yin manyan finafinai da kansu yana cikin na farko-farko: Kongi's Harvest na 1970, daga wasan Wole Soyinka, wanda Francis Oladele ya shirya, Ossie Davis ya ba da umarni. Ya kuma fito a fim ɗin da aka ɗauko daga littattafan Chinua Achebe jim kaɗan bayan haka. Yana da shekara 70 ke nan kafin ya tsaya gaban kyamara a labarin da ɗan ƙasarsa ya rubuta.

Ladidi_Dandali:
Shekara 70. Wannan ya taɓa ni fiye da komai.

Malam_Sada_Funtua:
Na gode muku duka. Har yanzu ban sauka a gefe ɗaya ba. In na tuna maganar Abu Hanifa kan yaran da suka kalli waɗannan finafinan a Turai suka tashi da wannan hoton namu a ka, sai raina ya ɓaci. In na tuna hannun nan a miƙe da sarƙa, da labarin Baba, sai in ji ba zan iya ɗora masa laifin ba. Yau da dare zan nemi Men of Two Worlds in ga bokan da idona, don an ce nan ne ya fi nuna ƙarfinsa.

Abu_Hanifa88:
Ka kalla Malam, ka dawo mu ci gaba. Ni ma zan kalli na asibitin, don gaskiya guntu kawai na gani.

Dan_Ciko_Kano:
Anti Ladidi, don Allah a wajen minti na nawa ne wurin sarƙar? Data ta yi ƙasa, ina so in tafi can kai tsaye. Jibi ina da sin na mai gadi, babu magana ko ɗaya a ciki.

Ladidi_Dandali:
Can wajen ƙarshe ne, bayan likita ya gaya wa Lachie gaskiya. Amma in ka sami hali ka fara daga baya kaɗan, ka ga yadda yake zama a bakin gado tun kafin a zo wurin.